Martin Skrtel: Tarihin ɗan wasan bayan Slovakiya da ya shafe shekara takwas da rabi a Liverpool

Martin Skrtel tsohon ɗan ƙwallon ƙafa ne ɗan ƙasar Slovakiya, wanda ya yi kusan shekara 21 yana buga tsakiyar baya a ƙasarsa da Rasha da Ingila da Turkiyya. Ya buga wa Liverpool wasa 320 daga 2008 zuwa 2016, ya buga wa ƙasarsa wasa 104, kuma sau huɗu ana zaɓarsa gwarzon ɗan ƙwallon Slovakiya, a 2007 da 2008 da 2011 da 2012. Ya jingine takalmansa a watan Mayun 2022 saboda ciwon baya. A harshensu ana furta sunan kamar "Shkirtel", ko da yake a gidajen kallon ƙwallo na Kano da Kaduna da Abuja kowa da yadda bakinsa ya ɗauko shi.

Masu bin gasar Firimiya a wancan zamani ba za su manta da kamanninsa ba: dogo mai mita 1.91, da ƙwaryar molo, da zane a hannuwa, da fuskar da ba ta cika sakin murmushi ba. Abin da aka fi saurin mantawa shi ne cewa kociyoyi biyar ne suka zo Liverpool a zamaninsa, kowane da irin tsarinsa, kuma babu wanda bai sa shi a wasa ba. Ɗan baya kuskurensa ake gani, ba a cika lissafa ranakun da ya hana ɓarna ba. Skrtel kuwa yana cikin waɗanda kurakuransu suka fi yin amo, shi ya sa har yau ake gardama a kan matsayinsa.

Asalinsa da tashinsa

An haife shi ranar 15 ga Disambar 1984 a Handlova, garin masu haƙar kwal a yankin tsaunuka na tsakiyar ƙasar, ya kuma tashi a wani ƙauye da ke kusa mai suna Raztocno. A lokacin babu ƙasar da ake kira Slovakiya mai cin gashin kanta, yankin yana cikin Cekoslovakiya ne. Sai ranar 1 ga Janairun 1993 aka raba ƙasar gida biyu cikin lumana, Jamhuriyar Cek da Slovakiya, Skrtel yana ɗan shekara takwas. Ƙasar ƙarama ce, mutanenta ba su kai miliyan biyar da rabi ba, wato jihar Kano kaɗai ta ninka ta. Amma tana da tarihin fitar da 'yan baya. Jan Popluhar, wanda ya buga wasan ƙarshe na kofin duniya a 1962, ɗan Slovakiya ne, haka ma Anton Ondrus, kyaftin ɗin da ya ɗaga kofin Turai a 1976.

Yana yaro ya haɗa ƙwallon ƙafa da wasan gora na kan ƙanƙara, wanda ke gogayya da ƙwallo wajen farin jini a ƙasar, daga baya ya zaɓi ƙwallo. Ya fara a ƙungiyar matasa ta Prievidza, kuma a gaba yake wasa. Sai da ya kai kimanin shekara 16 aka nemi ya cike gurbi a tsakiyar baya a tawagar matasan ƙasar, daga nan bai sake komawa gaba ba a wasan ƙwararru. Wannan asali ya bar alama a wasansa: idan aka yi bugun kusurwa yakan shiga da'irar abokan hamayya da irin nufin mai neman ci.

A 2001 ya shiga babbar ƙungiyar garin Trencin, inda ya yi shekara uku. Sunan wannan gari ba baƙo ba ne ga masu bin 'yan wasan Najeriya. Shekara goma bayan tafiyar Skrtel, ƙungiyar, wadda tsohon ɗan wasan Ajax Tschen La Ling ya mallaka, ta zama mashigar matasan Najeriya zuwa Turai. A can Moses Simon ya sauka a 2014 daga makarantar ƙwallo ta GBS da ke Jos, tare da Kingsley Madu. Rabi'u Ibrahim ɗan Kano, wanda ya ci kofin duniya na 'yan ƙasa da shekara 17 a 2007, shi ma a Trencin ya farfaɗo da wasansa kafin ya wuce Gent, daga baya ya koma Slovan Bratislava. Samuel Kalu ya bi wannan hanya. Ƙungiyar ta ɗauki kofin gasar ƙasar a 2015 da 2016 da taimakon 'yan Najeriya. Sana'arta tun zamanin Skrtel ita ce ta raini yaro ta sayar.

Rasha

A 2004, yana ɗan shekara 19, Zenit ta birnin St. Petersburg ta ɗauke shi. Kocinta a lokacin, Vlastimil Petrzela, ɗan Cek ne, kuma ya tara 'yan wasa daga Cek da Slovakiya, don haka yaron bai sha wahalar harshe sosai ba. Daga baya kamfanin iskar gas na Gazprom ya karɓi ƙungiyar, aka kawo Dick Advocaat ɗan Holan, kuma a 2007 Zenit ta lashe gasar Rasha, kofin lig na farko da ta ɗauka tun 1984 a zamanin Tarayyar Sobiyet. Watanni kaɗan bayan ya bar ta, ƙungiyar ta ci kofin UEFA a Mayun 2008.

Liverpool: farawa da ƙafar hagu

A Janairun 2008 Rafael Benitez yana cikin matsala a baya. Daniel Agger na jinya, Sami Hyypia shekaru sun fara ja, Jamie Carragher ne kaɗai ke tsaye. Sai ya sayo Skrtel kan fam miliyan 6.5, kuɗi mafi yawa da Liverpool ta taɓa biya kan ɗan baya zuwa lokacin. Aka ba shi riga mai lamba 37, wadda bai canza ba har ya bar ƙungiyar.

Wasan farko da aka fara da shi ya kusa zame masa abin kunya. A gasar kofin FA, Liverpool ta karɓi Havant & Waterlooville, ƙungiyar mataki na shida wadda 'yan wasanta ke da wasu sana'o'in na daban. Sau biyu baƙin suna shiga gaba a Anfield, kuma ƙwallo ta biyu a jikin Skrtel ta daki ta shige raga. Liverpool ta farfaɗo ta ci 5-2, amma jaridu sun riga sun fara tambayar me Benitez ya sayo. Kafin kakar ta ƙare ya rufe bakin masu magana, ya zama abokin Carragher a tsakiyar baya.

A Oktoban 2008 ya ji rauni a jijiyar gwiwa a wasa da Manchester City, ya yi kusan wata uku a waje. Ya dawo ya taras da ƙungiyar tana neman kofi, yana cikin waɗanda suka doke Manchester United 4-1 a Old Trafford a Maris ɗin 2009. Liverpool ta ƙare kakar da maki 86, United ta ɗauki kofi da 90. A Fabrairun 2010 kuma ya karye a ƙashin tafin ƙafa a wasan gasar Europa a Romaniya, abin da ya sa aka yi fargabar ko zai samu zuwa kofin duniya.

Kakar 2010/11 ta zo wa Liverpool da ruɗani: Benitez ya tafi, Roy Hodgson bai wuce wata shida ba, an sayar da ƙungiyar ga sababbin masu ita bayan shari'a, Fernando Torres ya koma Chelsea. A cikin wannan hargitsi Skrtel ya buga dukkan wasannin lig 38, ba a cire shi ko na minti ɗaya ba.

Kakar da ta biyo baya, ƙarƙashin Kenny Dalglish, ita ce mafi kyau a rayuwarsa ta Ingila. Shi da Agger sun dace da juna: Agger mai ƙafar hagu ne, mai natsuwa da iya fita da ƙwallo, Skrtel kuma shi ke shiga jikin ɗan gaba, ya ci ƙwallon sama, ya jefa jikinsa gaban shot. Ranar 26 ga Fabrairun 2012, a wasan ƙarshe na kofin League Cup a Wembley, Cardiff City ta fara ci ta hannun Joe Mason. A minti na 60 aka yi bugun kusurwa, Luis Suarez ya sa kai ƙwallo ta daki turke, Skrtel ya tare ta ya zura. An tashi 2-2 bayan ƙarin lokaci, Liverpool ta yi nasara 3-2 a bugun fenariti. Wannan ne kofi ɗaya tilo da ya ɗauka a Ingila. A ƙarshen kakar, bayan Chelsea ta doke su 2-1 a wasan ƙarshe na kofin FA, aka zaɓe shi gwarzon ɗan wasan ƙungiyar na shekara.

Zamanin Rodgers

Brendan Rodgers ya zo a 2012 da tsarin da ke buƙatar 'yan baya su fara gina wasa daga gida, suna ba da ƙwallo a ƙasa. Wannan ba shi ne ƙarfin Skrtel ba, kuma ba a daɗe ba aka gani. A Agustan 2012, a wasa da Manchester City, shi ya fara ci da ka, sannan kusa da tashi ya mayar wa mai tsaron gida ƙwallo ba tare da ya duba ba, Carlos Tevez ya tsince ta ya farke, aka tashi 2-2. Bayan Oldham ta fitar da Liverpool daga kofin FA a Janairun 2013, Rodgers ya ajiye shi a benci ya dawo da Carragher. Mutane da yawa sun ɗauka zamansa ya ƙare.

Bai tafi ba. Ranar 1 ga Satumbar 2013 rauni ya tilasta aka sa shi a wasa da Manchester United, Liverpool ta ci 1-0, kuma ya riƙe gurbinsa har ƙarshen kakar. Kakar 2013/14 ita ce ta tattara duk abin da ake yabonsa da shi da abin da ake zarginsa da shi. Ya ci ƙwallo bakwai a lig, adadin da wasu 'yan gaba ba su kai ba. Ranar 8 ga Fabrairun 2014 Arsenal ta zo Anfield tana kan teburi, kafin minti goma Skrtel ya zura mata biyu, duka daga bugun Steven Gerrard, aka tashi 5-1. Ya ci biyu a wasan da suka doke Cardiff 6-3, ya kuma ci a wasan da suka doke City 3-2 a watan Afrilu. A wannan kakar dai ya ci gida sau huɗu, abin da babu wanda ya taɓa yi a kaka ɗaya a tarihin Firimiya, na ƙarshen a wasan rufe kaka da Newcastle. Ga kuma ɗabi'arsa ta riƙe rigar abokin hamayya a cikin da'ira, wadda ta jawo fenariti a wasa da Swansea sa'ad da ya kama Wilfried Bony.

Liverpool ta zura ƙwallo 101 a kakar, aka zura mata 50, ta ƙare ta biyu da maki 84, City na da 86. Masu ɗora wa Skrtel alhakin ƙwallo 50 ɗin suna da hujja, amma rabin magana suke faɗa. Ƙungiyar ta kan tura 'yan gefenta gaba, ba ta da ɗan tsakiya mai tare hari na asali, kuma abokan aikinsa a baya canzawa suke yi tsakanin Agger da Mamadou Sakho da Kolo Toure, alhali shi ne kullum a wurin. Yawancin cin gidan da ya yi ma a wajen miƙa ƙafa don tare ƙwallon da ke shirin isa ga ɗan gaba ne. Jimillar cin gidansa a Firimiya bakwai ne, daidai da Carragher, Richard Dunne ne ke gabansu da goma. Victor Moses, wanda ya zo aro daga Chelsea, yana cikin tawagar wannan shekara.

Hoton da magoya bayan Liverpool suka fi riƙewa na Disambar 2014 ne. Takalmin Olivier Giroud ya fasa masa kai, aka ɗinke shi a filin, aka naɗe kan da bandeji, ya ci gaba da wasa. Jinyar tasa ce ta sa aka ƙara minti tara, kuma a minti na 97 ya tashi da wannan kan ya farke wa Liverpool, aka yi kunnen doki 2-2 da Arsenal. Wata uku bayan haka aka dakatar da shi wasa uku saboda taka David de Gea.

Da Jurgen Klopp ya zo a Oktoban 2015 ya fara da shi, har ya ci wata ƙwallo mai ƙarfi a wasan da suka doke City 4-1 a gidanta. Amma ranar 20 ga Disamba, a gidan Watford, Odion Ighalo ya nuna masa ƙarfi ya zura ƙwallo, kafin hutun rabin lokaci Skrtel ya fita da rauni, Ighalo ya ƙara ta biyu aka tashi 3-0. Da ya warke, aka sa shi bayan hutu a wasa da Southampton a Maris ɗin 2016 Liverpool na gaba da 2-0, aka tashi an doke ta 3-2, Sadio Mane ya ci biyu. Daga nan Klopp ya koma ga Dejan Lovren da Sakho da Toure. Skrtel ya bar ƙungiyar a bazara da ƙwallo 18 a wasa 320.

Tawagar ƙasa

Ya fara buga wa Slovakiya a 2004. Babban abin da tsararsa ta yi shi ne kai ƙasar kofin duniya karo na farko, a Afirka ta Kudu a 2010, ƙarƙashin Vladimir Weiss. Sun yi 1-1 da New Zealand, Paraguay ta doke su 2-0, saura Italiya mai riƙe da kofi. Ranar 24 ga Yuni a filin Ellis Park na Johannesburg, Robert Vittek ya ci biyu, Kamil Kopunek ya ƙara, Slovakiya ta yi nasara 3-2 ta kori Italiya. Ana 1-0 Fabio Quagliarella ya buga wata ƙwallo da ta wuce mai tsaron gida, Skrtel ya tare ta da gwiwa a kan layi. 'Yan Italiya sun dage ta shiga, alƙalin wasa Howard Webb ya ce a ci gaba, kuma a lokacin babu na'urar tantance layi. Holan ta fitar da su 2-1 a zagayen 'yan 16. A gasar ce Najeriya ta dawo gida tun daga rukuni.

Shi ne kyaftin sa'ad da suka doke Sifaniya 2-1 a Zilina a Oktoban 2014, a hanyar zuwa kofin Turai na 2016 a Faransa. A can Wales ta doke su 2-1, suka doke Rasha 2-1, suka riƙe Ingila babu ci, sannan Jamus ta fitar da su 3-0. A Maris ɗin 2018, a wani wasa a Tailan, ya faɗi sumamme bayan bugu a ka, abokin wasansa Ondrej Duda ya yi saurin buɗe masa baki kafin likitoci su iso. Ya sanar da barin tawagar a farkon 2019, aka yi masa wasan bankwana da Paraguay a Bratislava a watan Oktoba. Ya ci wa ƙasarsa ƙwallo shida.

Turkiyya da komawa gida

A Yulin 2016 ya koma Fenerbahce, inda ya sake haɗuwa da Advocaat, ya kuma yi wasa tare da Emmanuel Emenike, daga baya da Victor Moses. Shekara uku ya yi ba kofi: ta uku, ta biyu, sannan ta shida a kakar da ƙungiyar ta jima a ƙasan teburi. A Agustan 2019 ya sa hannu da Atalanta ta Italiya, amma tsarin Gian Piero Gasperini na mutum uku a baya bai karɓe shi ba, aka raba gari cikin kimanin mako uku bai buga wasan lig ko ɗaya ba.

Wannan rabuwa ta zame masa gobarar Titi. Ya dawo Istanbul ya shiga Basaksehir ta Okan Buruk, kuma a Yulin 2020 ƙungiyar ta lashe gasar Turkiyya karo na farko a tarihinta, yana ɗan shekara 35. Cikin abokan wasansa akwai Azubuike Okechukwu na Najeriya, da kuma Demba Ba, mutumin da ya ci ƙwallon nan a Anfield a Afrilun 2014 bayan zamewar Gerrard, wadda ta raba Liverpool da kofi. A Nuwambar 2020 su biyun suna fili sa'ad da Basaksehir ta doke Manchester United 2-1 a gasar zakarun Turai. A ƙarshen shekarar jijiyar agararsa ta tsinke, aka soke kwantiraginsa a Janairun 2021.

A shekara 36 irin wannan rauni yakan kawo ƙarshen wasa, amma ya yi jinya ya dawo. A Agustan 2021 ya shiga Spartak Trnava, ƙungiyar da ya ce ita yake goyon baya tun yana yaro. A Mayun 2022 suka doke babbar abokiyar hamayyarsu Slovan Bratislava 2-1 bayan ƙarin lokaci a wasan ƙarshe na kofin Slovakiya, kofinsa na farko a ƙasar haihuwarsa. Bayan 'yan kwanaki ya kira taron manema labarai, cikin hawaye ya bayyana cewa ya daɗe yana wasa da allurar kashe zafi, ciwon bayan ya kai yana hana shi ko doguwar tafiya a ƙasa, don haka ya haƙura.

Bayan ya yi ritaya ya koma buga wasan sha'awa a ƙungiyar ƙauyensu, Hajskala Raztocno, wadda ke can ƙasa a matakan gasar Slovakiya, kuma a can gaba ya koma yana wasa kamar yadda ya fara.